Kafin Ki Rangaɗa Guɗar Sabon Gida



Duk macen da ta taɓa zaman gidan haya a Kakuri ko Makera ko Nasarawa, ba sai an yi mata dogon bayani kan abin da ya sa muke mafarkin gidan kanmu ba. Ga layin banɗaki da asuba, ga rigimar igiyar shanya, ga kuɗin wuta da ake rabawa ɗaki-ɗaki har da wadda ba ta da ko rediyo, sannan ga ejan da yake zuwa duk ƙarshen shekara da sabon farashi. Shi ya sa ranar da maigida ya shigo da fom a hannu yana fara'a, ya ce an samu hanyar mallakar gida ta banki, za a riƙa cira kaɗan-kaɗan a albashi, babu abin da ke zuwa bakin mace sai guɗa. A littattafan soyayya da muke rubutawa ma, da zarar ango ya miƙa wa amarya makullin gida a Barnawa, to labari ya zo ƙarshe. Amma gidan bashi, ranar karɓar makulli ce shafin farko, kuma littafin yana iya kai shekara 30 ana karatunsa.

Ni ba ma'aikaciyar banki ba ce, iyakar karatuna sakandare. Sai dai na zauna da kalkuleta da biro na buga lissafin nan har sau uku, domin abin da na gani da farko ban yarda da idona ba.

Bari mu ɗauki bashin da ya fi kowanne sauƙi a ƙasar nan, wato na Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda gwamnatin Babangida ta kafa a 1992. Shi ne wannan kashi 2.5 cikin ɗari da ake cira a albashin ma'aikaci kowane wata, wanda da yawa daga mazajenmu ba su ma san inda yake tafiya ba. Bankin lamunin gidaje na tarayya, FMBN, shi ke riƙe da asusun, kuma yana ba da bashin ta hannun ƙananan bankunan gidaje a kan ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, a biya har tsawon shekara 30. Idan kika ji kashi 6 sai ki ce ai wannan kyauta ce. To saurara.

A ce maigida ya karɓi Naira miliyan 10. Abin da zai riƙa biya duk wata shi ne Naira 59,955, mu ce 60,000 don sauƙin magana. Shekara 30 wata 360 ke nan. Ki buga da kanki, za ki ga ya kama Naira miliyan 21 da kusan dubu 600. Wato gidan miliyan 10 an biya shi sau biyu har da ɗoriya, ruwan kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa.

Wannan ma ba shi ya fi ɗaure mini kai ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda ake raba kuɗin wata-wata ɗin. Mu mata mun saba da adashi, inda idan kin zuba goma, to goma ta ragu a abin da ake bin ki. Bashin gida ba haka yake tafiya ba. Banki yana fara ɗibar ruwansa ne a kan abin da ya rage, sai ɗan abin da ya saura ya taɓa uwar kuɗi. A watan farko, cikin wannan 59,955 ɗin, Naira 50,000 cif ruwa ne, 9,955 kacal ce ta rage bashi. Haka za a yi ta tafiya, ruwan yana raguwa a hankali kamar tafiyar hawainiya. Bayan shekara 10, an zuba sama da miliyan 7, yarinyar da kika shiga gidan da goyonta ta kusa gama firamare, amma idan aka je aka tambaya, za a ce saura miliyan 8 da dubu 370 ko kusa da haka. Allah sarki! Bayan shekara 15, rabin wa'adi ke nan, saura miliyan 7 da dubu 100. Ba za a ci rabin uwar kuɗin ba sai a shekara ta 21.

Kada ki ce zaluntar mutum aka yi a ɓoye. Haka lissafin yake a Ingila, haka yake a Amurka, kuma yana nan rubuce a takardar da ake ba shi ya sa hannu. Matsalar ita ce namiji yana duba layi ɗaya ne kawai, wato nawa za a cire a wata. Jimillar kuwa babu mai tambaya.

Shekarun su ne ke cin kuɗi. Wannan miliyan 10 ɗin dai, idan aka ce a shekara 15 za a biya, kuɗin wata zai zama Naira 84,386, jimilla kuma miliyan 15 da kusan dubu 200. Kin ga ƙarin 24,000 da 'yan kai a wata ya tsare wa gida sama da miliyan 6. Ko kuma a bar shi a shekara 30 ɗin, amma duk wata a ɗora Naira 10,000 a kai, da sharaɗin a rubuta cewa uwar kuɗi za ta rage. Bashin zai ƙare a shekara 21, a tsira da kusan miliyan 4. Wata cinikin ƙanƙara da zoɓonta na sati biyu ya kai dubu goman nan. Sai dai a fara tambaya ko bankin yana cin tara idan an biya kafin lokaci, domin akwai yarjejeniyar da ke da wannan ƙaidi.

Akwai kuma ƙa'idar cewa abin da za a cira kada ya wuce kashi ɗaya bisa uku na albashi. Ke nan mai son miliyan 10 sai albashinsa ya kai wajen Naira 180,000, a ƙasar da aka sa mafi ƙarancin albashi a kan 70,000 a 2024. Kuma ana duba shekarun mutum, don ana so ya gama kafin ya yi ritaya. Idan maigida ya kai 40, kusan shekara 20 ce ta rage masa, kuɗin wata ya koma 71,643.

Duk wannan fa bashin gwamnati ne mai rahusa, wanda ba kowa ke samunsa ba, wasu sai sun shekara suna zarya. Idan aka gaji aka nufi bankin kasuwanci, nan ake yin ta. A ƙarshen 2024 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya ya kai kashi 27.5. A ce an ba mutum miliyan 10 a kan kashi 25 na shekara 10, zai riƙa biyan kusan Naira 227,500 a wata, jimilla sama da miliyan 27. Kuma irin wannan ruwan sau da yawa ba a tsaye yake ba, ana iya aiko da takarda a ce ya hau. Ni dai a ganina, mai albashi da ya ɗauki wannan ya ɗauko dala ba gammo.

Na san wata za ta ce ai mu ba ruwanmu da kuɗin ruwa, haramun ne. Wannan magana ce babba, kuma malamai ne masu ita. Tun 2012 da bankin Jaiz ya buɗe, da Kaduna cikin garuruwan farko, an samu hanyoyin da banki zai sayi gida ya sayar wa mutum da riba sananniya, ko ya ba shi haya yana mallaka a hankali. Zuciya takan natsu da wannan. Amma riba ma kuɗi ce, daga tukunyarki za ta fita. Tambayar ba ta canza ba: idan an gama, nawa aka biya gaba ɗaya?

Kafin ma a ba da makulli akwai kafin alƙalami idan bashin ya wuce miliyan 5, da kuɗin lauya, da na mai ƙiyasta darajar gida, da inshorar gobara. Dokar filaye ta 1978 ta ce ba a jinginar da gida mai takardar mallaka sai da amincewar gwamna, kuma a nan Kaduna ta ofishin KADGIS ake bi, shi ma da nasa kuɗin, ga harajin ƙasa duk shekara. Rufi ya yi yoyo, masai ya cika, babu ejan da za a kira, ku ne masu gida.

Don kada a ce na zo ɓata wa mutane buri, bari in faɗi alherin abin. Bashin da ruwansa ke tsaye a kashi 6 yana sauƙi da tafiyar zamani. Mafi ƙarancin albashi 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya zama 70,000 a 2024. Kuɗin haya yana bin tsadar rayuwa, amma 59,955 tana nan yadda take. Dubu 60 da ke karya wuya a bana, nan da shekara 15 wataƙila kuɗin cefanen 'yan kwanaki ce. Wanda ya samu irin wannan, aikinsa kuma ya ɗore, bai yi asara ba ko da ya biya ninki biyu.

To amma wa ya ba mu tabbacin aikin zai ɗore? Mu 'yan kudancin kogi mun ga abin da idonmu. Masaƙar KTL da aka buɗe a Kakuri a 1957 ta rufe a 2002, Arewa ta bi bayanta, UNTL ta tsaya a 2007. Ina yarinya lokacin, amma ban manta yadda titi ke cika da kekuna idan an tashi aiki ba, da masu tuwo da masu ƙosai da ke ci a jikin ma'aikata. Mahaifina a ɗaya daga cikin masaƙun garin nan ya yi aiki, kuma da wani ya ce masa wata rana injinan za su yi shiru, da ya ce mahaukaci ne. Abin da ya rufa mana asiri shi ne ɗakuna uku da ya gina da bulon ƙasa ba da bashin kowa ba. Mun sha gari da ruwa, amma ba a fitar mana da kaya waje ba. Wanda takardar gidansa ke hannun banki, idan biya ya tsaya, ƙarshenta gwanjo ne, kuma kin dai ga yadda shekara goman farko ruwa ake ta biya.

Akwai wani abu kuma da ba a son faɗa, amma duk ɗan Kaduna ya san shi. Bayan rikicin Fabrairun 2000 da na Nuwamban 2002, mutane da yawa sun sayar da gidajensu ko sun yi musaya, wasu suka haye gada zuwa arewa, wasu suka dawo kudu. Allah kada ya maimaita mana. Sai dai wanda gidansa ke jingine ba shi da ikon sayarwa yadda ya ga dama, sai ya bi ta banki. Haka wanda ya sayi na bakin kogi don arha, ambaliya irin ta 2003 ba ta rage masa ko kwabo a bashi. Shekara 30 alkawari ne da unguwa, a duba ta da kyau.

Yanzu ga inda maganar ta fi shafarmu. An ce bashin na maigida ne, amma wa ke biya? Ranar da aka fara cirar kashi ɗaya bisa uku, kuɗin cefane ne ke fara ramewa. Ke za ki san yadda mudu biyu zai yi aikin uku. Ke za ki sayar da sarƙar gwal ɗin aurenki a cika kafin alƙalami, ke za ki kwashi adashi a biya lauya. Na san wata baiwar Allah a Television da ta yi duk wannan, shekara 12 ana biya, sai mijin ya rasu. Bashi ake fara fitarwa kafin rabon gado, sannan ita da abokiyar zamanta suka raba tumunin takaba. Da ta ce akwai kuɗin gwal ɗinta a ginin, sai dangin miji suka ce ina shaida? Ba ta da ko guntuwar takarda. Wallahi ba mugaye ba ne, ba su sani ba ne, kuma mamaci ba ya magana.

Don haka 'yar'uwa, idan za ki sa dukiyarki, a rubuta, ko bashi kika ba shi ko kaso kike da shi a gidan, da shaidu biyu, ɗaya daga danginki. Ba rashin yarda ba ne, addini ma ya ce a rubuta bashi. Ki lallaɓa shi cikin ladabi, bayan ya ci ya ƙoshi, ki ce, “Maigida, don Allah a karɓo mana takardar da ke nuna biyan kowane wata daga farko har ƙarshe.” Bankuna suna da ita. Ki tambaya ko akwai inshorar rai da za ta biya sauran idan ta Allah ta kasance, ki kuma san inda takardarta take ajiye. Idan ya ce zai ciro kashi 25 na asusun fanshonsa don kafin alƙalami, kamar yadda hukumar fansho ta ba da dama tun 2022, ku tuna abincin tsufanku ne ake ragewa.

Ginin sannu-sannu da aka san mu da shi ma ba kyauta ba ne. Yayata da mijinta sun ƙi bashi, suka sayi fili a Gonin Gora suna sa bulo duk lokacin da hali ya yi. Buhun simintin da suke saye ƙasa da Naira 5,000 a farkon 2023 ya haura 10,000 a farkon 2024, ga haya suna biya a gefe. Ginin ya kai linta ya tsaya, har ciyawa ta fito a falo. Da na je wajenta ranar Juma'ar da ta wuce na tarar tana lissafin bandir ɗin kwano a bayan kalanda, ta ce idan ta kwashi adashin watan Rajab za su rufe ɗaki biyu su tare haka nan, sauran a yi suna ciki.