Ina Fim Ɗin Gonarmu?

Idan aka ce fim ɗin Chanis, abin da ke zuwa ranmu shi ne Burusli da duka da tsalle-tsalle, don shi muka taso muna kallo. Amma mutanen Sin suna da wani irin fim dabam, na manomi da gonarsa, kuma shi ya fi dacewa da mu marubuta.

A 1950 gwamnatin Mao ta kafa dokar ƙwace gonaki daga manyan masu ƙasa, ta rarraba wa talakawa. A farkon shekarun nan aka fito da fim ɗin Yarinya Mai Farin Gashi. Bashi ne ya ci wani manomi, mai gona ya sa shi dangwala yatsa ya ba da 'yarsa. Uban ya kashe kansa, ita kuwa daga baya ta gudu cikin duwatsu har gashinta ya yi fari fat. Fim ne na farfaganda, mai gona mugu, jam'iyya mai ceto.

A 1994 Zhang Yimou ya juya labarin a fim ɗinsa Huozhe, wato Rayuwa. Ɗan masu hali ya caca gidan gadonsu ya tsiyace. Da rabon ƙasa ya zo, wanda ya cinye gidan aka harbe, tsiya ta ceci mai gidan na asali. Hukumar Sin ta hana nuna fim ɗin.

To, mu nan Ɗanzomo me muka rasa? Iyayenmu sun ga zamanin NEPU, sun biya haraji da jangali har Abubakar Rimi ya soke su a 1979. Sun san mai cin bashin hatsi da damina ya biya ninki da kaka, sun san jinginar gona. A 2017 manoman Gagarawa da Sule Tankarkar da maƙwabtansu suka yi ta kuka kan hekta 12,000 da aka ware wa wani kamfanin 'yan Sin don noman rake. Dubi ikon Allah!

Duk wannan, alƙalaminmu na can wajen soyayyar birni. Tsofaffin da suka san yadda aka yanka iyakar kowace gona kuwa suna ta ƙarewa. Ranar Alhamis mu je kasuwar Maigatari, mu zauna da su, mu rubuta. Mai shirya fim ba zai ɗauki labarin da ba a rubuta ba.