Yahaya, da abin da sunan ke roƙo a Abare

A cikin sunayen annabawan da Hausawa ke raɗa wa 'ya'yansu maza, Yahaya ya fita daban ta wata fuska da ba kasafai ake lura da ita ba. Musa da Isa da Haruna da Ibrahim ba su gaya wa kunnen Balarabe komai, illa su nuna masu su. Yahaya kuwa, idan Balarabe ya ji shi, jimla ce cikakkiya ya ji: yana raye, ko kuma zai rayu. Kalmar tana da siffar aikatau ɗin da malaman nahawu ke kira mudari'i, wanda ke ɗauke da yanzu da nan gaba a lokaci guda. Daga tushenta aka sami Hayatu da Muhyiddin da Abdulhayyi, har ma da tahiyar da ake yi a zaman salla, domin asalin gaisuwa a Larabci fatan rayuwa ne ga wanda ake gaisarwa. Kamannin sunan da aikatau ɗin ya kai har masu ƙa'idar rubutun Larabci na yau suka raba su da alifin ƙarshe: aikatau da doguwar alif, sunan mutum da alif mai siffar ya'u.

Bahaushe ya karɓi Yahya ya saka masa wasali a tsakiya, ya zama Yahaya, kamar yadda ya mai da Mahdi Mahadi, ya mai da Zahra Zahara. A Mali da Kodebuwa an gutsure shi ya koma Yaya, kamar sunan ɗan ƙwallon nan Yaya Toure. Wannan gutsurewa ba ta samu gindin zama a ƙasar Hausa ba, watakila don yaya tana da aikinta a cikin gida tun tuni.

Sai dai malamai ba su haɗu a kan cewa sunan Balarabe ne ba. Tun a littattafan tafsiri na farko ake kawo fassarori iri-iri ga masu ganin daga rayuwa aka ciro shi. An ruwaito daga Ibnu Abbas cewa an kira shi haka ne don Allah Ya raya mahaifar uwarsa da shi bayan ta daɗe ba ta haihuwa. An ruwaito daga Ƙatada cewa don Allah Ya raya zuciyarsa da imani ne. Wasu suka ce ai shahada ya yi, shahidai kuwa rayayyu ne. A ɗaya ɓangaren akwai irin su Zamakhshari, waɗanda suka fi karkata ga cewa baƙon suna ne kamar Musa da Isa. Masu wannan ra'ayi suna da hujja mai ƙarfi, domin Annabi Yahaya, Alaihis Salamu, Ba'isra'ile ne, kuma sunan da aka san shi da shi a Ibrananci shi ne Yohanan, ma'anarsa Ubangiji Ya yi jinƙai. Daga Yohanan ɗin ne Larabawa Kirista suka sami Yuhanna, Turawan Ingila suka sami John, Faransawa Jean, Rashawa Ivan, Habashawa Yohannes. Hausawa Kirista suna da duka biyun: suna raɗa Yohanna, suna kuma karanta labarin Yahaya Maibaftisma. Wani abin sha'awa shi ne, a Suratu Maryam, 'yan ayoyi kaɗan bayan ambaton sunan, an siffanta shi da hananu, wato tausayi, kalmar da tushenta ɗaya da na Yohanan. Ma'anar Ibranancin ke nan ta biyo sunan, ta tsaya a gefensa.

Sau biyar sunan ya zo a Alƙur'ani: a Ali Imrana, da An'ami, da Anbiya'i, da sau biyu a Maryam. Labarin kuwa na tsoho ne da ya roƙi magaji bayan ƙashinsa ya yi rauni kansa ya yi furfura, matarsa kuma ba ta haihuwa. Aka yi wa Annabi Zakariyya bushara da ɗa, aka kuma aiko da sunan tare da busharar, aka shaida masa ba a taɓa kiran kowa da shi ba. Wannan ne ya sa Yahaya ya zama sunan ɗan da aka daɗe ana jira. Ƙarshen mai sunan bai zo da tsawon kwana ba. Wani sarki ne ya sa aka kashe shi, kuma har yau akwai hubbare a cikin Masallacin Umayyawa na Dimashƙa da ake cewa kansa na ciki, inda Paparoma John Paul na Biyu ya tsaya a shekarar 2001.

Ba Alƙur'ani kaɗai ya kawo sunan ƙasar Hausa ba, littattafan zaure ma sun yi nasu aikin. Muwaɗɗar Imamu Malik da ake karantawa daga Sakkwato har Kano, ruwayar Yahya bin Yahya al-Laisi ce, mutumin Andalus ɗan asalin Barbar da ya rasu a shekarar 848 Miladiyya, don haka duk ɗalibin da ya zauna gaban malami da wannan littafi sai ya ambaci sunan tun daga shafin farko. Mai Arba'una Hadisi da Riyadus Salihina, Imamu Nawawi, sunansa na yanka Yahya bin Sharaf. Ya rasu a 1277 yana da shekara arba'in da 'yan kai, bai taɓa aure ba, amma alkunyarsa Abu Zakariyya, saboda al'adar Larabawa ta yi wa kowane Yahya wannan alkunya, ɗa ya koma uban mai sunan ubansa. A Sahara ta yamma, Yahya bin Ibrahim, shugaban ƙabilar Gudala, shi ne ya dawo daga hajji a ƙarni na 11 ya zo da Abdullahi bin Yasin, aka fara yunƙurin da ya haifi daular Murabiɗai. A Timbuktu akwai masallacin Sidi Yahya tun ƙarni na 15. A kusa da gida kuma, Malam Yahaya Gusau na cikin 'yan bokon farko da suka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa, kuma Yahaya Abdulkarim ya yi gwamnan tsohuwar Jihar Sakkwato daga 1992 zuwa 1993, lokacin Zamfara na cikinta.

Ko ma mene ne asalin kalmar, abin da kunne ke ji shi ke aiki a ranar suna. Larabawa sun daɗe suna raɗa suna don kyakkyawan fata, abin da suke kira tafa'ul: Khalid mai wanzuwa, Salim kuɓutacce, Ya'ish zai rayu, A'isha mai rayuwa. Mutanen da jariransu ke yawan mutuwa ne ke ƙirƙirar irin waɗannan sunaye, kuma Bahaushe yana da nasa, sai dai dabararsa ta sha bamban. Matar da 'ya'yanta ke mutuwa ɗaya bayan ɗaya ana cewa tana wabi. Idan ta sake haihuwa, sai a nuna kamar ba a damu da jaririn ba. A ɗora shi a kan juji na ɗan lokaci a ɗauko, a kira shi Ajuji. A ce da yarinya Ayashe. A wasu gidajen a ce da yaro Bawa, kamar ba ɗan gida ba ne. Wasu kuma sukan bar wayon su koma roƙo kai tsaye: Abarshi, Abarta. Duk waɗannan laƙabi ne da ke zaune a kan sunan yanka, wanda liman ya raɗa ranar bakwai bayan an yanka rago an raba goro. Ajuji yana ɓoye yaro daga mutuwa. Yahaya yana faɗin abin da ake so a bainar jama'a, ya bar sauran ga Allah. Abarshi shi ne mafi kusa da shi, kuma in da za a nemi fassarar Yahaya da Hausar kaka da kakanni, da wuya a sami wadda ta fi ta.

Masu ilimin zamani sun fi kowa gudun waɗannan laƙubba, suna ganinsu camfi ne da saura daga maguzanci, kuma a kan ɗora jariri a juji suna da gaskiya. Amma abin da ya maye gurbinsu a birane shi ne zaɓen suna daga intanet saboda daɗin amonsa, sau da yawa ba tare da an tambayi wani malami ma'anarsa ba. Tsohuwar da ta kira jikanta Abarshi ta san abin da take faɗa, duk wanda ya ji kuma ya san an binne yara a gidan kafin wannan.

A ƙauyen Abare, cikin ƙaramar hukumar Anka, irin wannan binnewa ta faru a 2010 da yawan da ya wuce abin da kalmar wabi ke iya ɗauka. Farashin zinare a kasuwar duniya ya haura dala 1,000 kowace oza bayan rikicin tattalin arziki na 2008, manoman Anka da Bukkuyum suka koma ramuka. Dutsen da suke haƙowa yana ɗauke da zinare, yana kuma ɗauke da dalma mai yawan gaske. A buhuna ake kawo shi gida, a farfasa, a daka a turmi ko a niƙa da injin niƙan hatsi, a wanke, a haɗa da zaiba don ta kama zinaren. Mata na yin wani kaso na aikin a tsakar gida, inda ake shanya hatsi, inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki. Ƙurar ba ta da wari, manya kuma ba su cika jin komai ba. Jikin ƙaramin yaro kuwa yana tsotse dalma fiye da na babba nesa ba kusa ba, ta wuce ƙwaƙwalwa. Sai amai, sai jijjiga, sai suma.

Alamun sun yi kama da na sanƙarau da zazzaɓin cizon sauro, kuma ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF da suka fara lura da yawan mace-macen a watan Maris na 2010 sanƙarau suka fita sa wa ido. Da aka gwada jinin yaran sai gaskiya ta fito. A ma'aunin likitoci na lokacin, 10 abin damuwa ne, 45 na buƙatar magani, ƙaramar na'urar da ake yawo da ita ƙauyuka kuma ba ta iya karanta abin da ya wuce 65. Yara da dama sun wuce inda na'urar ke tsayawa. A Dareta da 'Yargalma, binciken gida-gida ya nuna kusan ɗaya cikin huɗu na yara 'yan ƙasa da shekara biyar sun rasu cikin shekara guda. Jimillar yaran da suka rasu a yankin ta kai aƙalla 400.

Maganin da ke janye dalma daga jini ba ya amfani idan yaro zai koma ya zauna a ƙasar da ta sa masa ita, don haka sai da aka kankare saman ƙasar gidaje ɗaya bayan ɗaya, aka binne ta a wajen gari, aka zuba sabuwa. An fara da Dareta da 'Yargalma. Abare ta biyo baya tare da Sunke da Duza da Tungar Guru da Tungar Daji, tsakanin ƙarshen 2010 da farkon 2011. Bagega, wadda ta fi su girma, ta jira har 2013 kafin Gwamnatin Tarayya ta saki kuɗin aikin, bayan matsin lambar 'yan fafutuka. MSF ta yi wa dubban yara magani, ta miƙa aikin ga hukumomin jiha a 2022.

A irin wannan gari, uban da ya raɗa wa jaririnsa Yahaya a kunne ba ya buƙatar sanin saɓanin Zamakhshari da sauran malamai. Labarin Annabi Zakariyya ya ishe shi, kuma abin da yake roƙo a fili yake. Amma Abare ta nuna iyakar roƙon ma. Aikatau ɗin ya ce zai rayu, bai faɗi wace irin rayuwa ba. Dalma ba ta mayar da abin da ta ɗauka daga ƙwaƙwalwa. A cikin yaran da suka tsira akwai waɗanda suka rasa gani, da waɗanda gaɓoɓinsu suka shanye, da wasu masu yawa da ba a ganin komai a jikinsu sai an zaunar da su gaban allo a ga hadda ba ta zama. Wannan ya fi ciwo idan aka tuna cewa annabin da ake yi wa takwara, hikima aka ba shi tun yana yaro. Fassarar Ƙatada, wadda ta kai rayuwar ga zuciya, ta nemi abin da ya wuce numfashi, ita ce kuma dalma ta fi taɓawa.

Haƙar zinare ba ta tsaya ba, domin talaucin da ya kai mutane ramuka yana nan, rashin tsaro kuma ya sa zuwa ƙauyukan Anka ya yi wa ma'aikatan lafiya wuya. Dalmar da ta shiga jiki ba ta daɗewa a jini, amma takan sauka cikin ƙashi ta zauna shekaru gommai. Idan mace ta sami ciki, jikinta na ɗebo sinadarin gina ƙashi daga ƙasusuwanta don ɗan tayi, dalmar ta biyo shi ta ratsa mabiyiya, daga baya kuma ta fito a nono. Yarinyar Abare da ke da shekara uku a 2010 ta cika goma sha takwas a 2025, kuma a ƙauyukan Zamfara 'yan mata da yawa sun yi haihuwar fari kafin wannan shekara.